Tambayoyi da amsoshi kan W.E.B. Du Bois, dattijon da ya yi kusan shekara 70 yana faɗa da wariyar launin fata

In aka zo maganar baƙaƙen fatan Amurka mu nan sunaye biyu muka fi riƙewa, Malcolm X sabida musulunta da aikin hajjin da ya yi, sai Martin Luther King sabida jawabin mafarkinsa. Amma akwai wani tsoho da ya riga su duka, tun ba a haifi iyayensu ba yake rubutu, kuma a Ghana kabarinsa yake. Ga tambayoyin da aka fi yi min a kansa, na amsa su yanda suka zo min.

Wai waye shi wannan Du Bois ɗin?

Cikakken sunansa William Edward Burghardt Du Bois. An haife shi ranar 23 ga Fabrairu 1868 a wani ƙaramin gari Great Barrington da ke jihar Massachusetts, arewacin Amurka, ya rasu ranar 27 ga Agusta 1963 a Accra yana da shekara 95. Lissafa ka gani, shekara 3 kacal bayan an haramta bauta a Amurka aka haife shi, kuma bai mutu ba saida ya ga Ghana da Najeriya da Nijar sun samu 'yancin kai. Malamin jami'a ne, masanin tarihi da zamantakewar al'umma, editan mujalla, marubucin littattafai harda na ƙagaggun labarai, kuma yana cikin waɗanda suka kafa ƙungiyar NAACP mai kare haƙƙin baƙar fata da har yau take aiki.

Ya ake faɗin sunan nasa?

'Yan uwanmu na Nijar da suka yi bokon Faransanci zasu karanta shi Dubuwa, kuma ba laifinsu bane dan asalin sunan na Faransa ne. Amma shi da bakinsa ya ce Du-boyis ake kiransa, kuma bai son a canja masa.

Shi ma an bautar da shi ne, ko iyayensa?

A'a. Dangin mahaifiyarsa Mary Silvina Burghardt sun daɗe da zama 'yantattu a wannan yankin, kakan kakansa Tom ne aka kamo daga Afirka ta Yamma aka sayar ma wani mutumin Holan. Uban kuma Alfred ya tafi ya bar su tun yaron bai wuce shekara 2 ba, uwar ce ta yi ta fama da aikatau har ciwon shanyewar ɓarin jiki ya kama ta, ta rasu a 1885.

Garin nasu kusan duk Turawa ne, tare yake zuwa makaranta da 'ya'yansu kuma shi ke ɗaukar na ɗaya, dan haka da farko bai ma san wani abu ne shi daban ba. Shi ya bada labarin ranar da ya gane. Yara 'yan ajinsu suka sayi wasu 'yan katuna masu ado ana musaya, ka ba wannan naka ya baka nasa, ana ta raha, sai ya miƙa ma wata doguwar yarinya baƙuwa nasa, ta ɗan kalle shi kawai ta ƙi karɓa. Ba zagi ba duka, kallo ɗaya. Ya ce a nan ne ya ji kamar an saki wani labule tsakaninsa da duniyarsu. Wannan labulen ya bi shi har cikin littattafansa.

Ance shine baƙar fata na farko da ya yi digirin digirgir a Harvard, gaskiya ne?

Gaskiya ne, a 1895. Amma hanyar ba miƙaƙƙiya bace. Kuɗin Harvard babu, mutanen cocin garinsu ne suka yi karo-karo suka tura shi jami'ar Fisk ta baƙaƙen fata a Nashville, jihar Tennessee, daga 1885 zuwa 1888, kuma can ne ɗan arewa ya fara ganin Kudu da idonsa, inda komai a rabe yake, taragon jirgin ƙasa daban, makaranta daban. Lokacin hutu yakan shiga ƙauyuka ya koyar da 'ya'yan manoma a wata bukkar katako da a da rumbun masara ce, benci ba majingina. Daga nan ya shiga Harvard, su kuma suka ƙi ɗaukar digirin Fisk a matsayin cikakke saida ya sake yin wani a 1890. Ya tafi jami'ar Barlin a Jamus daga 1892 zuwa 1894, tallafin ya ƙare kafin ya kammala, ya dawo ya ƙarasa a Harvard da bincike kan yanda aka yi ta ja-in-ja wajen hana cinikin bayi daga Afirka zuwa Amurka.

Daga Jamus ne ya dawo da sandar ado da safar hannu da ɗan gemun nan mai tsini da zaka gani a duk hotunansa. Mutum ne ɗan gayu mai ji da kansa, wannan kam ko masoyansa basu musu.

To me ya maida malamin jami'a ɗan gwagwarmaya?

Nan ne gundarin labarin a ganina. Du Bois ya fara ne da wata yarda mai kama da ta ɗalibi, cewa jahilci ne ke sa Bature ya raina baƙar fata, dan haka in aka yi bincike aka kawo alƙaluma da hujja aka ajiye a gabansa zai ji kunya ya gyara. Da wannan tunanin ya karɓi aikin jami'ar Pennsylvania a 1896, aka ce ya binciko dalilin da yasa unguwar baƙaƙe ta Philadelphia take cike da talauci da laifi. Ko ofis basu ba shi ba balle aji. Ya kama ɗaki a cikin unguwar shi da amaryarsa, ya dinga bi gida gida yana ƙwanƙwasa ƙofa yana tambayar dubban mutane aikin me kake, nawa kake samu, nawa kuɗin haya, mutum nawa ke kwana a ɗakin nan. Littafin da ya fito a 1899, The Philadelphia Negro, ya nuna cewa ba wani abu bane a jini, hana su aiki ake yi, kuma haya mai tsada suke biya a gidaje marasa kyau. Yau ana lissafa shi cikin ayyukan farko na irin wannan ilimin a Amurka, amma a lokacin ba abunda ya canja.

Sai ga Afrilun 1899, lokacin yana koyarwa a jami'ar Atlanta. Wani lebura baƙar fata Sam Hose ya kashe ubangidansa Bature a wata rigima da shi Hose ya ce kan kuɗin aikinsa ne kuma kare kansa ya yi, jaridu suka ƙara da zargin fyaɗe, aka kamo shi aka kawo shi garin Newnan, jama'a wajen dubu 2 suka taru suka yanyanka shi suka ƙone shi da ransa, ba kotu ba alƙali. Du Bois ya zauna ya rubuta takarda cikin natsuwa yana jero abunda aka sani kan lamarin, ya ɗauko sandarsa ya kama hanyar ofishin jaridar Atlanta Constitution zai kai ma edita. A hanya ne aka faɗa masa ai an riga an gama da Hose, kuma gaɓoɓin yatsunsa suna can an baje su a wani shagon kayan masarufi a kan titin da yake bi. Ya tsaya, ya juya ya koma gida da takardarsa. Daga baya ya rubuta cewa ya gane ba zai yiwu mutum ya zauna yana bincike hankali kwance ba alhali ana kashe mutanensa ana barinsu da yunwa.

Kaga wanda ya sayi yatsan mutum dan ajiyewa ba ƙarancin alƙaluma ke damunsa ba. Bai daina bincike ba har ya mutu, amma daga ranar ya haɗa da faɗa.

Me ke cikin littafin nan nasa da ake ta ambato, The Souls of Black Folk?

Ya fito a 1903, babi 14, ma'anar sunan kamar kace rayukan baƙaƙen mutane. Ba irin littafin da zaka ce ga fanninsa bane, akwai tarihi, akwai labarin rayuwarsa, akwai gajeren labari guda, kuma kusan kowane babi yana buɗewa da baitin waƙar Turawa a sama sannan a ƙasa alamomin kiɗan wata waƙar bayi, wato ya jera su kafaɗa da kafaɗa ba tare da ya ce komai ba.

Abu biyu aka fi ɗauka daga ciki. Na farko maganarsa cewa matsalar ƙarni na 20 itace matsalar iyakar da aka shata da launin fata, wadda tun a 1900 ya faɗe ta a wani taro a Landan. Na biyu shine abunda ya kira zama da hankali biyu. Yana nufin baƙin Ba'amurke kullum yana kallon kansa ne da idon wanda ya raina shi, yana auna kansa da mudun wani, shi Ba'amurke ne kuma shi baƙi ne, biyun suna kokawa a jiki ɗaya. Duk wanda ya taɓa shiga wani wuri ya ji yana gyara harshensa ko yana jin nauyin kayan jikinsa tun kafin kowa ya ce masa uffan, to ya ɗanɗani ɗan kaɗan daga abun.

Amma babin da ni ya fi taɓa ni shine na mutuwar ɗansa na fari, Burghardt, wanda mashaƙo ya kashe a Atlanta a 1899 yana ɗan shekara 2 bai cika ba, 'yan makonni bayan abun Sam Hose. Ya bada labarin yanda suka ɗauko 'yar gawar suna tafiya a titi, Turawan da ke wucewa suka ɗan waigo suka jefo musu kalmar zagin nan da ake ma baƙar fata suka yi gaba. Kuma ya faɗi wani abu da uba bai cika iya faɗa ba, cewa a can ƙasan zuciyarsa akwai wani mugun farin ciki, yaron ya tsere kafin a koya masa cewa shi ƙasƙantacce ne. Basu yarda sun binne shi a Georgia ba, Great Barrington suka kai shi.

Meye ya haɗa shi rigima da Booker T. Washington?

Washington shine babban jagoran baƙaƙe na lokacin, an haife shi cikin bauta, ya gina makarantar koyon sana'a ta Tuskegee a Alabama, kuma attajiran Turawa ta hannunsa suke bada tallafi, in ya ce a ba makarantarka a baka in ya yi shiru ka sha zama. A 1895 ya yi wani jawabi a Atlanta yana cewa a zamantakewa baƙi da fari su zauna a rabe kamar yatsu, a wajen aikin ci gaba kuma su zama hannu ɗaya. A taƙaice ku bar maganar ƙuri'a da daidaito tukuna, ku koyi noma da kafinta da gini ku tara dukiya, mutunci zai biyo baya.

Abun dariya shi kansa Du Bois ya aika masa da saƙon yabo a lokacin. Amma shekaru suka wuce, jihohin Kudu suka dinga ƙwace ƙuri'ar baƙaƙe ɗaya bayan ɗaya, kashe-kashe basu tsaya ba, sai a littafin 1903 ya ware babi guda ya yi masa raddi cikin ladabi amma mai zafi. Hujjarsa itace ta yaya zaka kare gonar da ka saya in baka da ƙuri'a kuma kotu ba taka bace, sannan su malaman da zasu koyar a makarantar sana'ar waye zai koyar da su in babu jami'a. Daga nan ne maganarsa ta kashi ɗaya cikin goma ta fito, wai a ilimantar da haziƙan cikin al'umma su ja sauran.

In kana bin musun da ake yi a wajenmu na sana'a ta fi digiri ko digiri ya fi sana'a, to ga kakansa nan. Kuma adalci shine a faɗa cewa Washington a Alabama yake zaune inda kalma ɗaya zata iya sa a ƙone makarantarsa, kuma bayan mutuwarsa a 1915 an gano a ɓoye yana biyan kuɗin lauyoyi a shari'o'in ƙalubalantar wariya. Ni dai ina ganin Du Bois ne da gaskiya a asalin maganar, amma ba zan kira Washington maci amana ba.

Shi ya kafa NAACP?

Yana cikin waɗanda suka kafa ta a 1909, ba shi kaɗai ba, kuma yawancin shugabannin farko Turawa ne masu adawa da wariya. Kafin ita a 1905 shi da William Monroe Trotter sun tara mutum 29 a gefen Kanada na ruwan Niagara suka kafa wata ƙungiya da bata yi tsawon rai ba sabida rashin kuɗi da rikicin cikin gida da kuma zagon ƙasan mutanen Washington.

Ainihin makaminsa a NAACP mujalla ce, The Crisis, da ya fara a Nuwamba 1910 da kwafi 1,000, kafin shekara 10 ta kai wajen 100,000 a wata. Shekara 24 yana editanta. Yana buga lissafin waɗanda aka kashe ba shari'a duk shekara, a 1916 ya buga hotunan gawar wani matashi Jesse Washington da aka ƙone a Waco ta jihar Texas gaban dubban 'yan kallo, hotunan da mutane da yawa suka ce bai kamata a buga ba. A gefe guda kuma yana buga hotunan jarirai da na ɗaliban da suka gama jami'a, dan mutanensa su ga kansu da kyau, kuma matasan marubuta irin su Langston Hughes ta nan suka fara fitowa.

Shi da Marcus Garvey fa, ba duk abu ɗaya suke nema ba?

Kai wannan rigimar ta yi muni. Garvey ɗan Jamaika ne mai baki, ya tara talakawa maƙil a Harlem, unguwar baƙaƙe ta New York, da kiran a koma Afirka da kamfanin jiragen ruwansa Black Star Line. Du Bois ya binciki lissafin kamfanin ya rubuta cewa kuɗin talakawa na zurarewa. Da Garvey ya je ya gana da wani shugaban Ku Klux Klan, ƙungiyar Turawa masu ta'addanci kan baƙar fata, a 1922 sai abun ya ƙazance, a 1924 Du Bois ya rubuta cewa mutumin nan ko mahaukaci ne ko maci amana. Garvey kuma ya dinga yi masa gorin hasken fata, wai ruwa biyu ne mai son zama Bature. Dukkansu sun zubar da girma. Abun mamaki baƙin tauraron da ke tutar Ghana daga sunan jiragen Garvey ya samo asali, shi kuma Du Bois a ƙarƙashin wannan tutar aka binne shi.

Me ya haɗa shi da Afirka, ya taɓa rubuta wani abu a kanmu?

Sosai ma. A littafinsa The Negro na 1915 akwai babi guda kan kogin Kwara da musulunci, inda ya kawo daulolin Ghana ta da, Mali, Songhai da Askiya da malaman Timbuktu, har ƙasar Hausa da Borno ya taɓo, a zamanin da manyan jami'o'in Turai ke koyar da cewa Afirka bata da tarihi. A wannan shekarar kuma ya rubuta wata maƙala yana cewa tushen yaƙin duniya na ɗaya rabon Afirka ne, Turawa na faɗa kan wa zai ci wane yanki.

Sai tarukan haɗin kan baƙar fata na duniya. Ya shirya na Paris a 1919 da taimakon Blaise Diagne ɗan Senegal da ke majalisar Faransa, aka sake yi a 1921 da 1923 da 1927. Na Manchester a 1945 shi ya fi tasiri, lokacin yana da shekara 77 aka ba shi kujerar girmamawa, a zauren akwai wasu 'yan Afirka da ba a san su ba sosai, Kwame Nkrumah, Jomo Kenyatta, Hastings Banda, dukkansu ukun sun zo sun mulki ƙasashensu. Ƙafarsa ta fara taka Afirka a ƙarshen 1923 a Laberiya. Ya zo Najeriya a Nuwamba 1960 wajen rantsar da Nnamdi Azikiwe a matsayin gwamna janar.

Wanne ne babban aikinsa a wajen masana tarihi?

Black Reconstruction in America, 1935, shafi sama da 700. Yana magana ne kan shekarun bayan yaƙin basasar Amurka lokacin da 'yantattun bayi suka yi zaɓe har suka shiga majalisu. Abunda ake koyarwa a makarantu lokacin shine wai wannan zamanin ɓarna ce zalla, jahilan baƙaƙe sun lalata Kudu. Du Bois ya juya labarin, ya nuna cewa waɗannan gwamnatocin ne suka kafa makarantun gwamnati na kowa da kowa a Kudu, kuma bayi ba zama suka yi aka 'yanta su ba, guduwar da suka dinga yi daga gonaki ya kira ta yajin aikin gama-gari, ga kusan 200,000 da suka ɗauki bindiga.

A nan ne kuma ya amsa tambayar da ta dame shi tun 1899. Me yasa talakan Bature, wanda shi ma mai gona ke tatsa, yake tsayawa da mai gonar maimakon ya haɗa kai da talaka baƙi? Ya ce sabida ana biyansa wani albashi da ba na kuɗi ba, ana ce masa ranka ya daɗe, ɗan sanda nasa ne, makaranta mai kyau tasa ce, komin tsiyarsa yana da wanda ya fi. Wato wariya ba kuskuren fahimta bace, akwai masu cin riba da ita. Masana tarihin Turawa suka yi biris da littafin wajen shekara 30 kafin su dawo su ce ashe tsohon ya fi su gani.

Da gaske an taɓa kama shi?

An yi, yana gab da cika shekara 83. A 1950 ya shugabanci wata ƙaramar cibiya a New York da ke tattara sa hannun mutane kan a haramta makamin nukiliya, gwamnati ta ce wannan aikin Tarayyar Sobiyet ne, a Fabrairun 1951 aka tuhume shi da zama wakilin ƙasar waje ba rajista. Aka kai shi kotu a birnin Washington, aka caje aljihunsa, aka ɗauki hoton yatsunsa, aka sa ma tsoho ankwa. Otal ɗin da aka kama dan walimar zagayowar haihuwarsa ya soke, manyan baƙi suka dinga janyewa, sai a wani gidan rawa na Harlem aka yi. Albert Einstein ya ce zai zo ya bada shaidar halinsa, amma ba a kai ga haka ba, a Nuwamba alƙali ya kori ƙarar dan ba hujja.

Duk da haka suka riƙe fasfonsa har 1958, shi yasa bikin 'yancin Ghana na 1957 ya wuce shi duk da Nkrumah ya gayyace shi. Abunda ya fi ci masa rai ba gwamnati bace. Su lauyoyi da likitoci da malaman nan da ya ce sune kashi ɗaya cikin goma da zasu ja al'umma, yawancinsu suka yi tsit kowa na tsoron aikinsa, ita kanta NAACP da ta sallame shi tun 1948 bata tsaya masa ba. 'Yan ƙwadago da mutanen ƙasashen waje ne suka tara kuɗin lauya.

To kwaminis ne kenan? Kuma wane addini yake bi?

Ya daɗe da ra'ayin gurguzu, ya fara zuwa Rasha tun 1926, amma bai yanki katin jam'iyyar kwaminis ta Amurka ba sai Oktoba 1961 yana da shekara 93, kamar mai cewa to ga abunda kuke zargina da shi ku yi abunda zaku yi. Ya gana da Khrushchev shugaban Tarayyar Sobiyet da Mao shugaban China, a Beijing ya yi bikin cika shekara 91.

Addini kuma, ba musulmi bane. A coci ya tashi, rubutunsa cike yake da salon Baibul da addu'o'i, amma da ya girma ya bar bin coci, ya ce shi mai tunanin kansa ne, har ya taɓa samun matsala a wata jami'ar mishan dan ya ƙi jan addu'a a taro.

Ba shi da kurakurai ne, naga sai yabo kake?

Yana da su manya. Da Stalin ya mutu a 1953 ya rubuta masa yabo yana kiransa babban mutum, mutumin da ya hallaka miliyoyi. A 1936 ya zagaya Japan da yankin Manchuria da ta mamaye ya dawo yana kare ta, dan kawai ba Turawa bane, alhali 'yan China na ɗanɗana kuɗarsu. Duk wanda ke faɗa da Turawan Yamma sai ya dinga ganinsa da idon rahama, mutumin da ya iya ƙwanƙwasa ƙofa dubu dan tabbatar da magana ɗaya sai gashi yana yarda da abunda masu masauki suka nuna masa.

A 1918 ya rubuta ma baƙaƙe su ajiye koke-kokensu su shiga yaƙin duniya na ɗaya tare da Turawan ƙasarsu, a daidai lokacin ana maganar ba shi muƙamin kyaftin a soja, mutane suka ce ya sayar da su. Sojojin suka dawo a 1919 aka dinga kashe wasu da kakinsu a jiki, shi kansa ya yi nadamar wannan rubutun. Sannan Ida B. Wells, matar da ta riga shi fallasa kashe-kashen nan da ranta a hannu, ta rubuta cewa shi ya cire sunanta daga jerin kwamitin kafa NAACP. Ga girman kai, ba ya gaisawa da mutane yanda ya kamata, shi ma ya san da haka.

Iyalinsa fa?

Ya auri Nina Gomer a 1896, ɗalibarsa ce a jami'ar Wilberforce, suka haifi biyu, yaron da ya rasu da kuma Yolande. Auren bai yi armashi ba bayan mutuwar yaron, kullum yana kan hanya. Nina ta rasu a 1950, ya auri marubuciya Shirley Graham a 1951 ana tsakiyar shari'ar nan. Yolande ma ta riga shi, a 1961.

In zan karanta guda ɗaya wanne zan fara da shi?

The Souls of Black Folk, kuma kyauta ake samunsa a intanet dan ya tsufa. Turancin na da ne mai nauyi, kar ka ce sai ka bi shi a jere, fara da babin farko, ka tsallaka na huɗu inda yake bada labarin makarantar ƙauyen nan da wata ɗalibarsa Josie, sannan na goma sha ɗaya kan ɗansa. In ya kama ka sai ka nemi Dusk of Dawn na 1940. Shi Black Reconstruction a bar shi sai an samu dogon hutu.

Ya aka yi ya ƙare a Ghana?

Tun 1909 yake da burin haɗa wani katafaren kundin sani kan Afirka da baƙar fatan duniya, kuɗi suka hana. Nkrumah ya ce ya zo Ghana zata ɗauki nauyi, a Oktoba 1961 shi da Shirley suka tattara suka koma Accra, garin da fataken goro na da suke kira Ankara. Aka ba su gida a unguwar Cantonments. A 1963 ofishin jakadancin Amurka ya ƙi sabunta masa fasfo, sai ya karɓi zama ɗan Ghana. Aikin kundin bai yi nisa ba jiki ya ƙi, kuma juyin mulkin 1966 da ya kifar da Nkrumah ya ƙara dagula shi, Shirley ma da take shugabantar gidan talabijin na Ghana dole ta bar ƙasar ta koma Alƙahira.

Ya cika a daren 27 ga Agusta 1963. Washegari ne mutum wajen 250,000 suka taru a birnin Washington, taron da King ya yi jawabin mafarkin nan, kuma Roy Wilkins na NAACP, ƙungiyar da ta kore shi, shi ya hau mumbari ya sanar da jama'a rasuwar, ya ce duk da tsohon ya zaɓi wata hanya daban a ƙarshen rayuwarsa, muryarsa ce tun farkon ƙarnin take kiran su zuwa wannan taron.

Ghana ta yi masa jana'izar ƙasa aka binne shi kusa da fadar Osu a bakin teku, ginin da a da ake tsare bayi kafin a loda su a jirgi. Daga baya a shekarun 1980 aka maida gidansa na Cantonments cibiyar tunawa da shi aka dawo da ƙasusuwansa can, tokar Shirley da ta rasu a Beijing a 1977 tana gefensa. In ka shiga Accra ana zuwa ziyara, littattafansa da rigunan digirinsa na nan a ɗakunan.